Sau Nawa Kakan Isiyaku Ya Mutu?

Shekara biyar ke nan da muka binne Isiyaku, abokin zamana a unguwar Soundview, kuma sai bana, da mahaifiyarsa Hajiya ta bi shi, bakina ya buɗe.

Ɗan Zangon Kumasi ne, yana lodin kaya a filin jirgin sama na JFK, ƙarƙashin jirage, inda ko ihun kanka ba ka ji. Can ya koyi karanta leɓen mutane. Mukan tsokane shi cewa ba ya gulmatuwa ko ta bayan gilashi.

Kakansa soja ne a yaƙin duniya na farko. Hajiya tana cikin uwarta aka aiko cewa ya faɗi a fagen daga. Ba ta san ubanta ba sai a hoto guda, amma duk Juma'a tana masa sadakar ƙosai har ta doshi shekara ɗari.

Wata Lahadi ya ja ni wani ɗan silima a Manhattan, ana nuna tsohon fim na yaƙin, irin marar magana. Mai gabatarwa ta ce ba ainihin yaƙin ba ne. Bayan an gama yaƙin aka tara sojojin da suka tsira, suka kwaikwaya.

Hayaƙi ya turnuƙe, wani baƙin soja ya faɗi dab da kyamara. Ga tsagar kumatun, ga yankakken kunnen hagu, sak hoton nan. Isiyaku ya damƙe min gwiwa har na ji zafi. Sojan ya ɗan ɗago, leɓensa ya motsa.

"Hausa ce," in ji Isiyaku. "Ya ce, sau nawa zan mutu yau?"

Ashe ya tsira, gida ne dai bai koma ba. Ga shi kuma tun safe Isiyaku ya gaya wa Hajiya inda za mu, tana jira.

Muna fitowa wayarsa ta yi ƙara. Ya daɗe yana kallonta kafin ya ɗauka.

"Na gan shi, Hajiya. Ya faɗi, bakinsa yana motsi."

Ta yi hamdala, ta ce ya cika da kalmar shahada ke nan. Ya bar ta a kan haka.

Yau fim ɗin yana wayar kowa, 'ya'yansa ma suna ta tura wa dangi. Da yana raye, na san ba zai runtsa ba. Sai dai yaran, da Turanci suke amsa mana, leɓen nan bai ce musu komai ba.

Har ya rasu bai yafe wa kakan ba, amma daga ranar shi ma ya fara raba ƙosai duk Juma'a. Na tambaye shi don me. Ya ce uban Hajiya yake yi wa, ba mutumin cikin fim ba.