Makullin da Ke Hannun Isufu

Isufu baduku ne, mutumin Maraɗi. Na san shi a birnin Guangzhou na ƙasar Sin a shekarar 2006, lokacin ina yi wa 'yan kasuwa ɗaurin kaya a unguwar Sanyuanli. Ya kai shekara arba'in da biyar, siriri ne, yatsunsa duk sun yi kanta saboda basilla.

Alhaji Babayo ne ya kawo shi. Alhaji mai masaukinmu ne, duk Bahaushen da ya sauka ba shi da kowa, a gidansa yake cin tuwon farko. Ni ma haka. Yana sayen jakunkunan mata a garin Shiling, sai ya ga rabinsu na kwancewa kafin su isa Kano. Shi ya sa ya ɗauko Isufu ya zaunar da shi a sito, yana bin jaka ɗaya bayan ɗaya yana ƙara ɗinki. Sharaɗinsu na baki ne: Isufu zai yi aiki har kuɗin jirgi da biza su fita, sannan albashi ya fara. Fasfonsa kuma yana akwatin Alhaji, wai don kada ya ɓata.

Duk Juma'a bayan masallaci mukan zauna mu sha shayi. Shi ke magana, ni ina saurare. Ya ba ni labarin yadda ake jimar fatar akuya, da ɗiyarsa Barira da ya bari tana rarrafe. Ƙarshen hirar kullum ɗaya ne.

"Ɗan'uwa, in an ba ni takardata, gobe ma sai gida. Na tambayi Alhaji sau nawa, ya ce bashi bai ƙare ba."

Nakan ce, "Allah ya kawo sauƙi, Baba Isufu." Iyakar abin da na taɓa yi masa ke nan.

Da wasannin Olamfik suka matso a 2008, aka tsananta binciken takardu. Wata ranar Talata 'yan sanda suka shiga siton. Suka ce fasfo, Isufu ya ce musu "meyo", wato babu, kalmar da ya fi iyawa a Sinanci. Da aka kawo tafinta, Isufu ya faɗi komai: shekara biyu ba albashi, fasfo a hannun ubangida, biza ta mutu tuntuni. Aka kama Alhaji, aka shigar da ƙarar sa mutum aikin dole.

Dattawanmu suka taru a ɗakin cin abinci. Malam Shitu, wanda ya fi kowa daɗewa a garin, ya dube ni.

"Ghali, an ce za a kira ka shaida. Mu ba ma kai namu gaban hukumar baƙi. In an rufe Alhaji, wa zai sauki mutanenmu? Ko kai za ka dafa musu tuwon?"

Aka yi dariya. Ya ce da zarar an saki Alhaji, su da kansu za su sa ya biya Isufu.

Lauyan Alhaji ya yi mana bayani cewa riƙe fasfo da bashi kaɗai ba za su isa ba. Sai an nuna an tsare mutum, an hana shi fita. In ba a nuna haka ba, ƙarar ba za ta tsaya ba.

Ranar da aka kira ni, tambaya uku aka yi mini. Ana kulle Isufu? Na ce a'a, makullin siton ma a aljihunsa yake. Yana fita? Na ce duk Juma'a tare muke zuwa masallaci. Waɗannan duk gaskiya ne. Sai ta ukun: ya taɓa gaya maka yana son tafiya aka hana shi?

Na ce ban tuna ba.

Bayan mako uku masu gabatar da ƙara suka janye saboda ƙarancin shaida, kotu ta amince, aka rufe shari'ar. Alhaji ya dawo gida aka yanka rago. Isufu kuwa yana tsare saboda bizarsa. Dattawa sun zauna sau ɗaya a kan hakkinsa. Alhaji ya ce tara da tikitin komawa sun cinye komai, aka shafa fatiha, aka tashi.

Na je ganin Isufu kafin a kai shi filin jirgin Baiyun. Na shirya ban-haƙuri tun a mota, amma bai ba ni dama ba. Ya ce Barira yanzu ta iya tafiya da magana, ba za ta gane shi ba. Ya ce akwai jakunkuna sittin a kusurwar sito da bai gama ba, a gaya wa Alhaji kada a loda su haka, hannuwansu za su cire. Ya ce basillarsa na kan taga, in ɗauka.

Sannan ya ce, "Tafinta ya karanta mini abin da ka faɗi. Juma'a nawa muka yi, Ghali?"

Ya jira ni, kamar yadda nake jiransa in yana magana, har mai gadi ya ce lokaci ya cika.

Na lissafa daga baya, sun haura ɗari. Basillar tana cikin jakata. Na sha samun masu zuwa Maraɗi, har yau ban aika masa da ita ba, don ban san abin da zan ce su faɗa masa ba.