Gangar da Awaki Suka Bi

Iya, kakarmu, ba ta fara tatsuniya sai wuta ta zama garwashi, an tura gyaɗa cikin toka. Gidanmu na makaɗa ne, a wani ƙauye kan hanyar Zango. Shekarar da aka hana kiɗan biki, gangar marigayi kakanmu ta koma rataye a ɗakin Iya. Autanta, Baffa Idi, ya rasa abin yi, ya shiga aikin ɗan sanda. Can wai kiɗa halal ne, tunda na fareti ne.

Ya dawo da aski ƙwal da wata waƙar gudun asuba. Mu yara muka haddace ta. Ran nan muka sauke gangar muka buga wa namu faretin, mu a ganinmu ba laifi.

Kafin la'asar 'yan kwamitin hana kiɗa suka iso da 'yan sanda biyu. Ɗayan Baffa ne.

"Idi, ta ubanka ce fa," in ji Iya.

Bai dube ta ba. Aka miƙa masa wuƙa, ya ƙame, ya farke fatar.

Bayan isha'i ta tara mu, muryarta a dushe. Ta ce zaki ne ya so ya mai da awaki mayaƙansa, amma da sun ji motsi sai su watse. Sai ya sa aka yi ganga. Suka koyi taku, tsoro ya fita, har garken da ya haife su suka tattake. Gangar kuwa da fatar uwarsu aka yi ta.

Na ce, "Iya, ba su ji ƙanshinta ba?"

"Maigidana, ina suka ga sukunin shinshinawa? Ƙafa suke ƙirgawa."

Ba ta rufe tatsuniyar ba, ta tashi. Har ta rasu ba ta sake cewa "autana" ba, sai dai "ɗan sandan nan".

Na daɗe ina jin haushin Baffa. Yau ga ni, rashin aiki ya kai ni inda ya kai shi, har ni ke ba kurata waƙa. Na san aikinta sarai: tana kashe gajiya, tana kashe kewar gida, tana kashe tambaya. Duk asubar da na ɗaga murya ƙafafu suka faɗi lokaci guda, sai in ji ƙaurin gyaɗar nan da ta ƙone a toka, ba wanda ya ci.