Mai Ƙara Rai a Kamazou

Ina jiran keke a Kamazou, ga wata mata nan zaune ƙarƙashin lema, tsakanin mai gasa masara da mai faci. Za ta kai shekara arba'in, tabarau a goshi, ƙaramin sukundireba a soke cikin kitsonta. Na'urar wasan gem ta hannu take buɗe wa wani dattijo, irin buɗewar da ke sa na'ura ta karɓi abin da kamfani bai sa mata ba. Tana zura memori tana waƙar coci ƙasa-ƙasa. Yadda take sauraron mutum har ya gama, ina zaton ta taɓa koyarwa a firamare.

"Madam Hadassah," in ji dattijon, "hannuna rawa yake yi. Rai ukun da wasan ke bayarwa ba ya kai ni ko'ina, jikata sai dariya take mini."

"Baba, wannan ai maguɗi ne."

"Na sani. Sa mini."

Ta danna nan, ta danna can. A kusurwar allon, uku ya koma casa'in da tara. Ta goge gilashin da bakin zaninta, ta rusuna, ta miƙa masa da hannu biyu.

"Ranka ya daɗe," ta ce.