Takardar da Malam Ya Karɓa da Hagu

A gidanmu ba a yin shelar tatsuniya. Da an idar da sallar isha'i muka ji Dada tana karya kara a ɗakinta, shi ke nan mun san an buɗe. Dada kakata ce ta wajen uba, kuma a ɗakinta kaɗai ake hura wuta idan sanyi ya shigo, don ƙafafunta ba sa shiri da sanyin ƙauyenmu, wanda ke kwance a gindin duwatsu tsakanin Roni da Kazaure. Mu jikoki mukan kewaye kaskon wutar, kowa da 'yar gyaɗarsa yana turawa cikin toka. Ni ce mai zama kusa da ita, ba don na fi kowa ladabi ba, sai don na fi kowa surutu, tana so hannunta ya riƙa kaiwa ga kunnena.

Ba ta buɗe tatsuniya yadda sauran tsofaffi ke yi. Sai ta ce, "Ga wata ta iso, ku matsa mata." Mu ce, "Ta shigo, akwai wuri." Kakanmu, wanda kowa ke kira Malam, yakan zauna a kan buzunsa a bakin ƙofa da carbi, wai shi ba sauraro yake ba. Amma duk inda Dada ta zuƙa ta da yawa sai ka ji ya yi gyaran murya, ita kuma ta ce, "Masu tari a waje su sha ruwa."

Malam ya rasu bayan girbi, 'yan shekaru da samun mulkin kai, ina da kamar shekara tara. Dada ta shiga takaba, wata huɗu da kwana goma ba kwalliya ba fita. Tana hura wutar kamar kullum, muna zuwa muna zama, amma tatsuniya ta ɗauke. Ba wanda ya iya tambaya, har ni.

Cikin wata na biyu mai shela ya zaga gari cewa motar majigi ta iso. Mota ce ta gwamnati mai bin ƙauyuka, a kafa farin ƙyalle tsakanin sanduna biyu a ƙofar gidan dagaci, a haska hotuna masu motsi bayan magariba. Wannan zuwan kuwa namu ne. Damina biyu da suka wuce wasu mutane sun zo da akwati mai ƙafa uku sun ɗauki hoton gonar Malam, don shi ne ya fara yarda da takin zamani a garin, har malamin gona ya ba shi takardar yabo. Yanzu ga shi an kawo za a nuna, kuma kwana ɗaya motar za ta yi.

Dada ba ta ko yi maganar fita ba. Ta kira ni ta kama kafaɗata ta ce, "Talatu, je ki zama idona. Kada ki kalli kowa sai shi, kuma kada ki zubar mini da komai a hanya."

A wurin majigi kowa ya san mazauninsa. Dagaci da dattawa da sauran maza suna gaban ƙyalle. Mu 'yan mata da tsofaffi masu talla muna bayansa, tunda hoton yana ratsowa, ana gani tangaram. Haka ake yi tun fil azal, ba wanda ya taɓa ganin wani abu a ciki.

Aka nuna wankin hannu, aka nuna maganin sauro, mai lasifika yana ta bayani. Can sai ga gonarmu, ga kukar da ke bakinta, ga Malam yana tahowa tsakanin kunyoyin gyaɗa da malafarsa, da ƙibarsa ta kafin ciwo. Ban san lokacin da na durƙusa na gaishe shi ba, kuma ba ni kaɗai na yi haka ba. Ya tsaya, ya yi dariya, malamin gona ya miƙa masa takarda ya karɓa, ya ɗaga ta sama. Duka-duka bai wuce a sha ludayi uku na fura ba, aka koma nuna buhunan taki.

Na dawo a guje. Dada ta tsare ni da tambaya: wace riga ce a jikinsa, yana ɗingishin nan nasa, da ya yi dariya an ga giɓinsa? Ina ba ta amsa tana gyaɗa kai, fuskarta ta saki, rabona da ganinta haka tun kafin rasuwar. Daɗi ya ɗebe ni na miƙe ina kwaikwayonsa. Na ce, "Sai ya miƙa hannu haka, ya karɓi takardar."

Ta buge mini hannu. "Da dama ake karɓa, marar kunya."

"Dada, ai shi da hagu ya karɓa."

Ta dube ni. Ta ce in sake. Na sake, don abin da na gani ke nan. Ta juya ta fuskanci bango.

Duk wanda ya zauna a makarantar allo ya san su wane ne za a ba takardarsu a hannun hagu ranar hisabi. Ni ma na sani, amma ban haɗa biyun ba sai da na ga bayan Dada yana rawa.

Da safe motar ta wuce Gwiwa. Babana ya zo ya durƙusa ya rantse mata cewa da dama Malam ya karɓa, da idonsa ya gani. Ta ce, "Kai ɗansa ne, me za ka ce in ba haka ba? Yarinyar nan ba ta san nauyin abin ba, shi ya sa ta faɗa." Ta aika aka kira Gwaggo Hansai mai ƙosai, ƙawarta, wadda ita ma ta je kallon. Gwaggo Hansai ta yi ta kwana-kwana, da aka matsa mata ta sunkuyar da kai ta ce hagu ne. Liman ya aiko a gaya mata hoto ne kawai, tun Malam yana raye aka ɗauka, ba shi da alaƙa da lahira. Dada ta ce a gaishe da liman, amma a tambaye shi: shekara arba'in da wani abu tana miƙa wa Malam abu, ko ɓarin goro bai taɓa karɓa da hagu ba. Ranar da aka ba shi takardar nan gari guda na tsaye, da ya yi haka da an yi ta maganar. "In abin da aka nuna ba ranar nan ba ce," in ji ta, "to daga ina aka ɗauko shi?"

Kwana uku ba ta sa komai a bakinta ba sai ruwa. Gari kuwa ya rabu biyu, maza sun ce dama, mata sun ce hagu, har da masu rantsuwa a bakin rijiya. Ni dai ji nake kamar ni na sake kashe Malam. Innata ta ja ni gefe ta ce in je in ce kuskure na yi. Na je na fara, Dada ta ɗaga mini hannu. "Kada ki soma. Idona na aike ki, ba bakina ba."

A daren na uku muna zaune gaban wuta, farin zanenta da aka wanke yana shanye a igiya a tsakar ɗakin. Ta daɗe tana kallonsa. Sai ta ce, "Talatu, ke da Hansai a ina kuka zauna?"

"A bayan ƙyalle."

"Ubanki fa?"

"A gaba, kusa da dagaci."

"Duk masu cewa dama a gaba suke?"

Na yi tunani na ce eh.

Ta miƙe da ƙyar, ta tsoma hannunta na dama a ƙwaryar ruwa, ta manna tafin a jikin zanen. Shatin yatsu biyar ya fito. Ta ce in ɗora nawa a kai, na ɗora dama ya zauna daidai. Ta ce in zagaya ta baya. Hasken wuta ya ratso, ga shatin nan ina gani sarai, na ɗora dama ya ƙi, babban yatsa ya koma wancan gefe. Na ɗora hagu ya zauna.

Dada ta zagayo ta gwada da kanta, gaba da baya, har sau uku. Sannan ta zauna a bakin gado ta yi dariya har hawaye, ko kuma kuka ne ya zo da dariya, ban iya rabewa ba. Ta ce, "Bawan Allah, ashe ta baibai suka gan ka." Ta ce a ɗumamo mata tuwo. Da ta cinye ta suɗe hannu, sai ta dube mu ta ce, "Ga wata ta iso, ku matsa mata." Muka amsa da ƙarfi har Innata ta leƙo.

Tatsuniyar wani mai haƙar rijiya ce. Ya yi ta haƙa, ya wuce ruwa bai tsaya ba, har ƙasa ta ɓule da shi ya fito a wani gari. Da ya duba sai ya ga ai garinsu ne, ga kasuwa, ga marina, ga gidansa, sai dai kowa da hagu yake cin tuwo. Ya ce musu, "Kaito, ashe ku ne inuwoyin da muke gani a ƙasan rijiya." Suka bushe da dariya suka ce, "Mu ne kullum da safe muke leƙa ku a can ƙasa, muna tausayinku." Ya tafi gidansa ya tarar da wani mai kamarsa sak a kan tabarmarsa. Gardama ta kaure, kowa na cewa shi ne mutum, ɗayan inuwa. Aka kai su gaban wata tsohuwa mai ɗiban ruwa, wadda ta san garuruwan biyu. Ta mintsini wannan ya yi ƙara, ta mintsini wancan ya yi ƙara. Ta tambaye su ko suna jin yunwa, duka suka ce eh, ta dama musu fura suka shanye. Sannan ta ce, "Na tsufa ina ratsa rijiyar nan, ban taɓa isa garin da mutanensa suka ce su ne na ƙasa ba." Mai haƙar rijiya ya koma gida jikinsa a sanyaye. Tun daga ranar, in ya leƙa rijiya sai ya yi wa na ciki sallama kafin ya jefa guga.

Na ce, "To Dada, wane garin ne na gaskiya?"

Ta ce, "Wanda ya ba ni labarin ya ce nasu ne." Ta ja kunnena kaɗan. "Nan tatsuniya ta gaji ta zauna, ku kuma ku tashi."

Motar majigi ta sake zuwa sau da yawa bayan Dada ta fita takaba, amma ba a ƙara kawo hoton gonarmu ba. Dada ba ta taɓa ganinsa ba, kuma ban ji ta yi ƙorafi ba. Ni na yi aure na koma Kano a shekarun da kuɗin mai suka cika gari, talabijin ta shiga gidaje. Daga baya 'ya'yana suka riƙa kawo finafinai irin waɗanda mutum zai farka ya tarar duk rayuwarsa mafarki ce, ko wasu ne suka shirya masa ita bai sani ba. Sukan tsayar da fim ɗin su yi mini bayani, wai kada kaina ya ɗaure. Nakan bar su su yi, don suna jin daɗin hakan.

Abin da ya zauna mini daga daren nan ba wai ko duniya gaskiya ce ko mafarki ba, wannan ya fi ƙarfina. Abin da ya zauna mini shi ne na gani da idona, ban yi ƙarya ba, kuma ban yi daidai ba. Har yau in na rufe ido na tuno Malam a gonar nan, hagu yake miƙawa. Na san dalili, na gwada da hannuna a jikin zane, amma idon ya ƙi karɓar gyara. Shi ya sa in mutum biyu suka zo mini da rigima kowa yana rantsuwa ya gani, kafin in ce wani ya yi ƙarya nakan fara tambayar inda kowannensu yake tsaye.

Dada ta yi tsawon rai. A ciwonta na ƙarshe na zo daga Kano da goyo na zauna a bakin gadonta, ta ce in sake ba ta labarin majigin nan. Na ba ta riga da malafa da giɓi, da na zo kan takarda sai na ce da dama ya karɓa.

Ta ce, "A'a, faɗi yadda kika gani."

Na ce hagu.

Ta ce, "Yawwa. Ke kin gani ta baya, ubanki ya gani ta gaba, kun yi ta fama. Ku duka ƙyalle kuka kalla, Talatu. Ni mutumin zan je in gani."

Tana murmushi ta faɗa, kamar wadda aka aiko wa goron biki. Kwana huɗu bayan nan aka kai ta.