Gyare a Rumfar Mama Rifkatu

Har gobe ban manta da ranar da Gyare ya yi kuka a rumfar abinci ba. Ku sababbin zuwa wannan aiki, Gyare shi ne sunan da muka laƙaba wa na'urar awon tururin nukiliya, saboda irin ƙarar da take yi. Lokacin ina mataimakin jami'in awo, wato ɗan ɗaukar jaka.

An tura mu unguwar Kakuri duba tsoffin ƙarafa wajen 'yan gwangwan. Ba mu sami komai ba, muka shiga cin tuwo a rumfar Mama Rifkatu, wata dattijuwa 'yar Filato. Gyare na kunne a jaka. Ina ajiye shi gefen kanta, sai ƙir-ƙir-ƙir.

Ƙa'ida ita ce a ja baya, a sake awo, sannan a yi tambaya. Awon ya kai mu ga wani gwangwanin madara cike da baƙin yashi.

"Mama, mene ne wannan?" in ji shugabanmu, Oga Bulus.

"Ƙasar gidanmu ce, ɗana. Babana ya haƙi kuza lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, Turawa na neman ta ido rufe. Barikin da aka haife ni yanzu kududdufi ne. Wannan kaɗai ya rage mini. Na ce wa yara su zuba mini a kabari."

Oga ya sassauta murya ya yi mata bayani: yashin da aka bari bayan wanke kuza yana fitar da tururi, ba a ajiye shi kusa da abinci, dole mu kai shi ma'ajiyar ofishinmu. Na zaci za ta wanke mu tas. Sai ta ce, "Sake kunna abin nan."

Na kunna. Ta rufe ido ta kasa kunne, har tuwonmu ya huce.

"Ashe gidanmu bai yi shiru ba," ta ce, ta miƙo gwangwanin da hannu biyu.

Gaskiya zuciyata ta karye. Ranar na gane ba ƙarfe da yashi kaɗai muke awo ba, gidajen mutane muke taɓawa. Ku bi ƙa'ida, amma ku bari mai abu ya yi sallama da abinsa.

Mama ta rasu, aka binne ta babu yashin. Ranar da na yi ritaya na shiga ma'ajiya, na kara Gyare a jikin gwangwanin. Yana nan yana kuka, ni kaɗai nake ji.