Gefe na Huɗu na Goron Baffa

Baffana, ƙanen mahaifinmu, ya tsufa a kan sana'ar goro a garin Djougou kamar yadda kakanninsa suka tsufa. Yana da wata magana da ya shekara arba'in yana yi, ni kuma na shekara ashirin ina yi mata dariya. Cewa yake kowane abu yana da tsawo da faɗi da kauri, waɗannan ido na ganinsu, amma akwai gefe na huɗu wanda ba ya fuskantar kowa. Ta can ne zuciya ke taɓa abubuwa. Zukatanmu, in ji shi, suna da saiwa kamar itatuwa, a sama kowa tsaye yake shi kaɗai, a ƙasa kuwa a sarƙe suke da juna da duk abin da muka riƙe. Zuciya na jin abin da ke wancan gefe, tana kuma danna shi yadda yatsa ke danna tuwo.

Saboda haka ne ba ya barin wanda ya fito daga faɗa ya kwance huhun goro. Sai ka zauna ka huce, ko da mai saye ya zo daga Partago yana jira a kan babur. A wurinsa goron da aka yayyafa wa ruwa da zafin rai sai ya lalace, ko da an naɗe shi da sabon ganye.

Ni malamin lissafi ne a wata makarantar sakandare a Parakou, a unguwar Albarika nake zaune. Duk hutun da na je gida sai na tsokane shi, in ce ya nuna mini gefen nan in auna da ma'auni. Shi kuma ya ce ma'aunina ne gajere.

Bara 'ya'yansa suka kira ni. Babban, wanda nake ce wa Yaya, ya ce Baffa ya fara ruɗewa, yana korar masu saye, sun yanke shawarar karɓe makullin ɗakin goro daga hannunsa. Za a tara dattawan gida, ana so ni mai boko in tabbatar cewa maganar nan ba ta mai hankali ba ce. Na amsa da to, har da ɗan jin daɗi, kuma ina jin kunyar wannan har yau.

Na isa da hantsi na tarar da Baffa cikin ɗakin goron, huhuna jere a jikin bango. Yana bi yana ɗora tafin hannu a kan kowanne, ya ɗan saurara, ya wuce. Ya tsaya a kan na biyar ya ce sankara ta shiga cikinsa, wato tsutsar da ke cin goro. Muka kwance, muka same ta can tsakiya. Na ce a raina wataƙila ɗumin ganye ya ji, ko wani wari da hancina bai sani ba. Har yanzu haka nake zato. Amma na ga yadda ya tsince ruɓaɓɓun ɗaya bayan ɗaya, bai kuskure ko guda ba, ya tambaye ni lafiyar 'ya'yana da sunayensu. Ban ga ruɗewa a nan ba.

Bayan la'asar aka zauna a zaure. Yaya ya gama jawabinsa ya juyo gare ni, ya kira ni Mushe, yadda ake kiran malamin boko a wajenmu.

"Bon, to, Mushe, kai ka yi lakkol, ka san boko. Faɗa wa iyayenmu, akwai wani gefe na huɗu?"

Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Na ce ban sani ba. Na ce a cikin littattafan da nake koyarwa akwai gefe na huɗu da na biyar waɗanda babu mahaluƙin da ya taɓa gani, ina zana su a allo, gwamnati na biya na, kuma ba wanda ya zo karɓe mini alli.

"Yaya, ban ce maganar Baffa gaskiya ce ba. Na ce mai ita lafiyarsa ƙalau. In makulli kuke so, ku ce makulli kuke so, kada ku sa bakina a ciki."

Raina ya ɓaci sosai. Baffa kuwa yana ta murza hularsa a kan gwiwa.

Sun karɓe makullin duk da haka, domin sun riga sun gama shawara kafin in hau mota. Yaya ya daina amsa gaisuwata, matarsa na faɗa wa mutane boko ya taɓa ni.

Baffa bai daina zuwa ba. Kullum da safe yakan je ya zauna a benci a ƙofar ɗakin goron, ba ya shiga, ba a kuma ce ya shiga. Wani lokaci ya miƙa hannu ya dafa ƙyauren. Masu wucewa suna kallonsa suna ƙus-ƙus. Shi ya sa duk Asabar nake shiga motar Djougou, in je in zauna kusa da shi a kan bencin nan, cikin rigata ta zuwa aji. Duk mai ƙirga mahaukatan gidanmu ya ƙirga biyu.