Baƙon da Ya San Tsohon Sunan Dutse

Yana tsugune a bakin rumfar albasar Baba Zainu a kasuwar Kajiji, bai taya ko kashi ɗaya ba. Dogo ne mai furfura a gemu, rigarsa ta sha guga irin ta ma'aikatan birni, amma tsugunon na makiyayi ne. Idonsa na kan dutsen nan na yamma da gari, wanda ake hango ƙololuwarsa tun daga hanyar Lambara.

Ban yarda da shi ba. Masu neman zinariya ma haka suke farawa, da doguwar gaisuwa.

"Baba, dutsen ga mi as sunanai?" in ji shi.

"Dutsen Sodangi," in ji tsohon. "Kakana Sodangi yas sare dajin gindinai, yay yi gona."

Baƙon ya zaro wata tsohuwar taswira da ta tsage a wajen ninki, ya ɗora yatsa a kai. "Ba Haire Na'i ba?"

Dutsen shanu ke nan da Fulatanci. Rabon da a ji wannan suna tun kafin gonaki su cinye burtali, rugar da ke gindin dutsen ta tashi. Ni ma sau ɗaya na taɓa jinsa, a bakin kakata.

Baba Zainu yana tsince ruɓaɓɓiyar albasa, bai ɗago ba. Wanda ya san wannan suna ba tambaya ce ta kawo shi ba. Ko lauya ne, ko jikan mutanen rugar, ban sani ba. Baƙon ya ninke taswirar, ya ce Allah ba da kasuwa, ya nufi yamma da ƙafa.

Gonarmu ce ta biyu daga gindin dutsen, a tsohon filin rugar.